Raina Kotu a Najeriya: Nazari a kan Hukuncin da Ba Ya Kama Manyan Jami'an Gwamnati

Tsakure

Wannan maƙala ta duba yadda kotunan Najeriya suke amfani da ikonsu na hukunta wanda ya raina su, da abin da ya sa ikon yake cin talaka da lauya nan take amma ya dakushe idan ya iso kan shugabannin hukumomin gwamnati. An bi tanade-tanaden Kundin Tsarin Mulki na 1999 da dokar zartar da hukunci, an nazarci wasu fitattun shari'o'i daga 1986 zuwa 2025, an kuma waiwayi abin da malaman fiƙihu suka ce game da zartarwa. Binciken ya gano cewa makamin da kotuna suka fi dogara da shi, wato aika mai laifi gidan yari, yana hannun ɓangaren da ake son hukuntawa, kuma umarnin da kotuna suke bayarwa masu karo da juna ya ba masu bijirewa mafaka. Maƙalar na ganin mafita tana cikin hukuncin da alƙali zai iya zartarwa da kansa, ba sai ya jira ɗan sanda ba.

Fitilun kalmomi: raina kotu, umarnin kotu, zartar da hukunci, beli, hurumi.

1.0 Gabatarwa

Tsakanin ƙarshen Oktoba da farkon Disamba na 2022, kotuna uku suka ba da umarnin a kai uku daga cikin manyan masu ɗamara na ƙasar nan gidan yari. Mai shari'a Chizoba Oji ta Babbar Kotun Birnin Tarayya ta ce a tsare shugaban EFCC na lokacin, Abdulrasheed Bawa, a Kuje, saboda hukumarsa ba ta mayar wa wani tsohon hafsan sojin sama motarsa da naira miliyan 40 ba, alhali tun Nuwamba 2018 aka umarce ta. Ranar 29 ga Nuwamba mai shari'a Mobolaji Olajuwon ta Babbar Kotun Tarayya ta yanke wa Sufeto Janar na 'yan sanda, Usman Alkali Baba, ɗaurin wata uku a kan hukuncin 2011 da ya ce a mayar da wani jami'i da aka yi wa ritayar dole a 1992. A cikin wancan makon kuma mai shari'a Halima Abdulmalik ta Babbar Kotun Jihar Neja da ke Minna ta ba da sammacin kamo Babban Hafsan Sojin Ƙasa, Laftanar Janar Faruk Yahaya. Babu ɗayansu da ya kwana a gidan yari saboda waɗannan hukunce-hukunce.

Watanni kaɗan kafin haka, ranar 27 ga Yuli 2022, Babbar Alƙaliyar Jihar Akwa Ibom, Ekaette Obot, ta ɗaure lauya Inibehe Effiong wata guda saboda sa-in-sa da suka yi a zaman kotu. Daga cikin kotun aka wuce da shi, kuma sai da ya cika watan.

Tambayar da wannan maƙala ta sa a gaba ita ce: me ya sa iko ɗaya, a ƙasa ɗaya, cikin shekara ɗaya, ya yi aiki cikin sa'a guda a kan wannan, ya kasa motsa waɗancan? An bi hanyar nazarin nassin doka da hukunce-hukuncen kotuna, an taƙaita a kan umarnin da aka bai wa gwamnati ko jami'anta, domin a nan ne matsalar ta fi tsanani.

2.0 Tushen ikon kotu

Doka ba ta yi ƙwauron tanadi ba. Sashe na 6(6)(a) na Kundin Tsarin Mulki ya bar wa kotuna duk ikon da kotu take da shi a asalinta, har da na ladabtarwa. Sashe na 287 ya wajabta wa kowace hukuma da kowane mutum zartar da hukuncin Kotun Ƙoli da na Kotun Ɗaukaka Ƙara da na manyan kotuna a ko'ina cikin tarayya. Sashe na 133 na kundin laifuffukan da ake amfani da shi a Kudu ya tanadi ɗaurin wata uku ga mai raina kotu, sashe na 155 na Final Kod a Arewa kuma ya tanadi ɗaurin da zai iya kai wata shida ga wanda ya ci zarafin mai shari'a ko ya katse masa zama da gangan.

Masana sun kasa laifin gida biyu. Akwai wanda ake yi a gaban alƙali: zagi, hayaniya, ƙin amsa tambaya. Wannan laifi alƙali ya gani da idonsa, yana iya hukuntawa nan take, kamar yadda Kotun Ƙoli ta tabbatar a shari'ar Sanata Franklin Atake a 1982. Akwai kuma wanda ake yi a bayan idonsa, kuma bijire wa umarni yana cikinsa. A shari'ar Boyo ta 1971 da ta Deduwa ta 1975 Kotun Ƙoli ta ja wa alƙalai kunne cewa irin wannan sai an bi cikakkiyar hanyar shari'a, kada alƙali ya zama shi ne mai ƙara, shi ne shaida, shi ne mai yanke hukunci. Wannan kariya ce mai kyau. Sai dai sakamakonta shi ne laifin da ya fi sauƙi, wato ɗaga murya, shi ya fi saurin hukunci, wanda ya fi muni kuwa, wato tsare ɗan Adam shekaru bayan kotu ta ce a sake shi, shi ya fi doguwar hanya.

Ga mai karatu da ya tashi a cikin al'adar shari'a ta ƙasar Hausa, batun ba baƙo ba ne. Wasiƙar Sayyidina Umar zuwa ga Abu Musa al-Ash'ari, wadda duk ɗalibin alƙalanci yake farawa da ita, ta nuna cewa furta gaskiyar da ba za a zartar ba ba ta da amfani. Malaman fiƙihu ma da tilastawa suka bambanta hukuncin alƙali da fatawar mufti. Tuhfatul Hukkam ta Ibn Asim, wadda alƙalan Arewa suka daɗe suna aiki da ita, ta tanadi cewa wanda ya ƙi amsa kiran alƙali a rufe masa abin da ba zai iya haƙura da shi ba, kamar gida ko shago, har ya zo. Wanda ya fi kusantar matsalarmu shi ne al-Mawardi, wanda ya rasu a 1058. A cikin ayyukan da ya lissafa wa kotun mazalim akwai zartar da hukuncin da alƙalai suka kasa zartarwa saboda ƙarfin wanda aka yanke wa. Ashe tun ƙarni na sha ɗaya an san alƙali na iya yanke hukunci ya rasa yadda zai yi da mai ƙarfi. Maganin da aka tanada shi ne sarki ya tsaya wa alƙali, kuma a kan haka masarautun Arewa suka tafi har ƙarshen shekarun 1960: alƙali ya yanke, dogarai da 'yan doka su zartar, gidan yarin En'e ya karɓa. Abin da wancan tsari bai warware ba, na yanzu ma bai warware ba, shi ne ranar da mai mulki da kansa ne aka yanke wa hukuncin.

3.0 Fom na 48 da na 49

Wanda ya yi nasara a kotu aka ƙi bin umarnin, hanyarsa tana cikin dokar zartar da hukunci da ta samo asali tun 1945, wadda take babi na S6 a kundin dokokin tarayya na 2004. Sashe na 72 ya ba kotu ikon tsare mai bijirewa har ya bi umarni. Ƙa'idojin da aka yi a ƙarƙashin dokar sun ce da farko magatakardan kotu zai fitar da Fom na 48, wanda yake gargaɗi ne cewa rashin biyayya na iya kai mutum kurkuku, a haɗa da kwafin umarnin, a miƙa wa mutumin hannu da hannu. Idan ya ci gaba da taurin kai sai a bi shi da Fom na 49, a kira shi ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a ɗaure shi. Da yake 'yancin mutum ake shirin taɓawa, kotuna sun tsaya a kan cewa sai an tabbatar da laifin ba tare da kokwanto ba, kuma kuskure kaɗan wajen miƙa takarda yana rushe komai.

An tsara wannan hanya ne da ɗan kasuwa ko maƙwabcin da ya ƙi rushe katanga a zuci, mutumin da masinjan kotu zai iya samu a ƙofar gidansa da sassafe. Shugaban hukumar tsaro kuwa ba a ganinsa haka. Masinja zai iso hedikwata da takarda a jaka, a tsayar da shi a bakin ƙofa, a tura shi ofishin karɓar wasiƙu, akawu ya buga hatimi ya sa hannu. Ranar zama lauyan hukumar zai miƙe ya ce ba a miƙa wa maigidansa takarda hannu da hannu ba. Sai mai ƙara ya koma ya nemi izinin miƙawa ta wata hanya, a ɗage zama. Kafin a dawo an shigar da ƙorafin cewa kotun ba ta da hurumi, kuma bisa hukuncin Kotun Ƙoli a shari'ar kamfanin Mobil da Assan ta 1995, mai ƙalubalantar hurumi ana saurarensa ko da ana tuhumarsa da raina kotu. In an yi watsi da ƙorafin sai a ɗaukaka ƙara. Kafin a gama wannan zagaye an sauya shugaban hukumar, sabon kuma ya ce shi ba a taɓa miƙa masa komai ba. Haka hukuncin 2011 ya kai 2022 yana jiran zartarwa, Sufeto Janar na zuwa yana wucewa.

A ce an tsallake duk wannan, alƙali ya sa hannu a takardar ɗauri. Wa zai kamo mutumin? Kotu ba ta da rundunar kanta. Sashe na 214 ya hana kafa wata rundunar 'yan sanda banda ta tarayya, sashe na 215 kuma ya sa ta a ƙarƙashin Sufeto Janar wanda Shugaban Ƙasa yake naɗawa. Gidajen yari suna ƙarƙashin ma'aikatar cikin gida. Umarnin a kamo Sufeto Janar yana nufin wani ƙaramin jami'i ya sa wa shugabansa ankwa, abin da ba wanda ya taɓa tsammanin zai faru. Game da Shugaban Ƙasa da gwamnoni da mataimakansu kuwa, sashe na 308 ya sa musu rigar kariya daga kamu da ɗauri muddin suna kan mulki.

Idan hukuncin na kuɗi ne, akwai wani shinge. Sashe na 84 na dokar zartar da hukunci ya ce ba za a taɓa kuɗin da ke hannun jami'in gwamnati a matsayinsa na jami'i ba sai da yardar Antoni Janar. Dalilin da ake bayarwa shi ne kada a wayi gari an kwashe kuɗin da aka ware wa albashi ko asibiti. Dalilin yana da nauyi, amma Antoni Janar shi ne lauyan da ya kare gwamnati a shari'ar ya sha kaye, kuma a ƙarƙashin sashe na 150 minista ne a majalisar zartarwa. An ba kura ajiyar nama ke nan. A Disamba 2017, a shari'ar Babban Bankin Najeriya da kamfanin Interstella, Kotun Ƙoli ta rage kaifin sashen, inda ta ce a yanayin waccan shari'a ba a buƙatar yardar, amma sashen yana nan daram a cikin doka, kuma bai sa wa Antoni Janar wa'adin amsawa ba. Ɗan fansho ko ɗan kwangilar da ya ci gwamnati a kotu yana iya rubuta wasiƙa ya jira har ya mutu.

4.0 Daga Ojukwu zuwa sauya fasalin naira

Shari'ar da kowa yake komawa gare ta ita ce ta Gwamnan Legas da Odumegwu Ojukwu. Ana cikin shari'a a kan gida mai lamba 29 a titin Queens da ke Ikoyi, gwamnatin soja ta Legas ta tura kimanin mutum 150 ɗauke da makamai suka fitar da shi. Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce a mayar da shi, gwamnati ta ƙi, ta garzaya Kotun Ƙoli tana neman a dakatar da umarnin. Ranar 31 ga Janairu 1986 Kotun Ƙoli ta ƙi, mai shari'a Kayode Eso ya bayyana abin a matsayin karya doka daga ɓangaren zartarwa. Abin lura a nan, kotun ba ta ce a ɗaure kowa ba. Abin da ke hannunta ta hana: ba za ta yi wa wanda ya taka umarnin kotun ƙasa alfarma ba. A zamanin soja aka yi wannan, lokacin da gwamnati take iya shafe hukunci da doka ɗaya, kamar yadda ta yi wa shari'ar Lakanmi da dokar soja mai lamba 28 ta 1970.

Mulkin farar hula bai kawo ƙarshen abin ba. A Disamba 2004 Kotun Ƙoli ta ce Shugaban Ƙasa ba shi da ikon riƙe kuɗin ƙananan hukumomin Legas, amma sai a 2007, bayan hawan Umaru Musa 'Yar'aduwa, aka saki ragowar kuɗin.

Shari'o'i biyu da suka fi taɓa Arewa sun faro ne a Disamba 2015. Kanar Sambo Dasuki mai ritaya, tsohon mai ba Shugaban Ƙasa shawara kan tsaro, ya samu beli daga alƙalai uku, ya cika sharuɗɗa, ranar 29 ga Disamba ya fito daga Kuje, jami'an DSS suka sake kama shi a bakin ƙofa. Ranar 4 ga Oktoba 2016 kotun ECOWAS ta ce tsarewar haramtacciya ce, a sake shi, a biya shi naira miliyan 15. A Yuli 2018 mai shari'a Ijeoma Ojukwu ta sake ba da belinsa. Bai fito ba sai ranar 24 ga Disamba 2019, tare da ɗan gwagwarmaya Omoyele Sowore, bisa umarnin Antoni Janar Abubakar Malami. Sheikh Ibrahim Zakzaky da matarsa an kama su bayan arangamar sojoji da mabiyansa a Zariya, inda kwamitin binciken da gwamnatin Kaduna ta kafa ya ji shaidar binne mutum 347 a kabari ɗaya. Ranar 2 ga Disamba 2016 mai shari'a Gabriel Kolawole ya ƙi yarda da hujjar cewa ana tsare da su ne don kare lafiyarsu, ya ce a sake su cikin kwana 45, a ba su matsuguni, a biya kowannensu naira miliyan 25. Wa'adin ya cika a Janairu 2017. Sun fito ne ranar 28 ga Yuli 2021, bayan Babbar Kotun Jihar Kaduna ta sallame su a wata tuhuma da aka shigar a 2018. Ba sai mutum yana goyon bayan Dasuki ko yana bin tafarkin Zakzaky ba kafin ya ga abin da aka yi a nan. Umarnin kotu ya zama abin da ake bi ranar da aka ga dama, kuma ranar ta zo ne bayan shekara huɗu.

Hujjar da aka kafa ita ce tsaro. A taron ƙungiyar lauyoyi na Agusta 2018 Shugaba Muhammadu Buhari ya ce tilas bin doka ya kasance a ƙarƙashin tsaron ƙasa da maslaharta, ya jingina da hukuncin Kotun Ƙoli. A gaban Majalisar Dattawa a Yuli 2019 Malami ya kawo sashe na 174, ya ce maslahar jama'a tana gaban ta mutum ɗaya. Hukuncin da ake nufi shi ne na Dokubo-Asari na 2007, kuma karanta shi yana rushe hujjar. A waccan shari'a gwamnati ta kai dalilanta na tsaro gaban kotu, kotu ta auna, ta hana beli. Alƙali ne ya yanke. Babu inda hukuncin ya ce idan alƙali ya auna ya ba da beli, wanda ya sha kaye yana iya sake aunawa a ofishinsa. Sashe na 174 kuwa magana yake a kan ikon shigar da tuhuma da karɓe ta da janye ta, bai ambaci tsare mutum ba. Kotun Ƙoli ta riga ta ce, a shari'ar Rossek da bankin ACB ta 1993, umarnin kotu ana bin sa har ranar da aka soke shi, ko da wanda aka umarta yana ganin kuskure ne.

Wanda yake ganin wannan rikicin manya ne, 2023 ta nuna masa akasin haka. Jihohin Kaduna da Kogi da Zamfara suka kai ƙarar gwamnatin tarayya a kan sauya fasalin naira. Ranar 8 ga Fabrairu Kotun Ƙoli ta hana a daina karɓar tsofaffin takardun kuɗi. Ranar 16 ga wata Shugaban Ƙasa ya yi jawabi ya ce tsohuwar naira 200 kaɗai za ta ci gaba da yawo. A waɗancan makonni mutane suna kwana a layin banki, masu POS suna cirar la'ada mai tsanani kafin su ba mutum kuɗinsa, a kasuwannin ƙauye da ba banki kuma mai akuya ko buhun masara yana karyar da kayansa ga duk wanda ya zo da tsabar kuɗi. Ranar 3 ga Maris mai shari'a Emmanuel Agim ya karanta hukunci, ya ce jawabin bijirewa ne ƙarara, ya tsawaita amfani da tsofaffin 200 da 500 da 1000 zuwa 31 ga Disamba. Duk da haka Babban Banki bai umarci bankuna su bi ba sai ranar 13 ga Maris. Fiye da wata guda umarnin kotu mafi girma a ƙasa yana ajiye, kuma ba a hukunta kowa ba.

5.0 Rabon da kotuna suke da shi

Adalci ne a faɗi cewa kotuna ma sun taimaka wajen zubar da ƙimar umarninsu. Tun a shari'ar Kotoye da Babban Banki ta 1989 Kotun Ƙoli ta ce umarnin da ake bayarwa a bayan idon ɗaya ɓangaren na gaggawa ne ta gaske, na 'yan kwanaki. 'Yan siyasa sun mayar da shi abin da ake nema a duk garin da aka ga alƙali mai sauƙin kai. A Disamba 2021 Majalisar Kula da Harkokin Shari'a ta Ƙasa ta hana alƙalai uku na jihohin Ribas da Kebbi da Kuros Riba ƙarin girma saboda umarnin da suka bayar masu karo da juna a rikicin shugabancin PDP.

Rikicin masarautar Kano ya nuna inda wannan yake kaiwa. Ranar 23 ga Mayu 2024 Gwamna Abba Kabir Yusuf ya sa hannu a dokar da ta rushe masarautu biyar, a ranar kuma Babbar Kotun Tarayya a Kano ta ba da umarnin dakatar da aiki da ita. Ranar 27 ga wata Babbar Kotun Jiha ta hana Aminu Ado Bayero, wanda dokar ta tuɓe, gabatar da kansa a matsayin sarki. Washegari wani alƙalin Babbar Kotun Tarayya ya ba da umarnin da ya kare shi. Kwamishinan 'yan sanda ya wayi gari da takardu masu hatimin kotu, kowacce ya bi ya saɓa wa ɗaya. Sai da Alƙalin Alƙalai na lokacin, Olukayode Ariwoola, ya kira shugabannin kotunan biyu. Ranar 10 ga Janairu 2025 Kotun Ɗaukaka Ƙara ta ce Babbar Kotun Tarayya ba ta da hurumi a kan sha'anin sarauta, matsayin da aka sani tun shari'ar Tukur da gwamnatin Gongola ta 1989, daga nan aka nufi Kotun Ƙoli. Maƙalar nan ba ta da ta cewa a kan wanda ya cancanci gadon sarauta. Abin da ya dame ta shi ne duk wanda ya ƙi bin umarni a wannan rikici yana da wani umarnin a aljihu da zai nuna, kuma jama'ar gari sun koyi cewa takardar kotu aba ce da kowane ɓangare yake samo tasa.

6.0 Abin da alƙali yake iya yi da hannunsa

Ba za a ce barazanar ɗauri ba ta da amfani sam ba. An janye hukuncin Bawa cikin kwanaki, na Sufeto Janar a Disamba, bayan kowannensu ya kawo wa kotu shaidar matakan biyayya da aka ɗauka. Kunya a idon jama'a ta sa an waiwayi fayil ɗin da ya daɗe a ajiye. Amma duk ɗaurin da aka sanar ba a zartar ba yana ƙara koya wa na ƙasa cewa na sama ba ya taɓuwa. Ana yawan kawo misalin Afirka ta Kudu, inda Kotun Tsarin Mulki ta ɗaure Jacob Zuma wata 15 a Yuni 2021, ya kuma miƙa kansa. Sai dai Zuma ya riga ya sauka daga mulki, 'yan sanda ba a hannunsa suke ba.

Misalin da ya fi dacewa da mu na Kenya ne. A Maris 2018, da aka ƙi kawo lauya Miguna Miguna gaban kotu, mai shari'a George Odunga ya ci ministan cikin gida da shugaban 'yan sanda da babban jami'in shige da fice tarar shilin 200,000 kowannensu, ya ce a cire daga albashinsu. Hakan bai hana a fitar da Miguna daga ƙasar ba, amma ya ɗora laifin a kan mutum mai suna, ya shiga tarihin aikinsa. A wajenmu tarar naira 100,000 da mai shari'a Ijeoma Ojukwu ta ci a shari'ar Sowore a Disamba 2019 a kan hukumar DSS ta faɗa, wato daga baitulmali za a biya, kuma washegari aka sake kama shi a harabar kotun. Tarar da take ƙaruwa kullum, daga aljihun jami'in da aka ambata da suna, ita za ta sa ya kira lauyansa da kansa.

Makami na biyu shi ne na shari'ar Odumegwu Ojukwu ta 1986, wato hana sauraro. Gwamnati ita ce ta fi kowa zuwa kotu: tana neman izinin tsarewa, da ƙwace kadara, da ɗage zama. A nan ne Kotun Ƙoli ta yi sakaci a ganin wannan marubuci. Da Dasuki ya nemi a dakatar da shari'arsa har a bi umarnin beli, kotun ta ce a Maris 2018 EFCC ce take tuhumarsa, DSS ce ta kama shi, kuma an cika umarnin tun da an buɗe masa ƙofar Kuje. Amma sunan da ke kan takardar tuhuma Tarayyar Najeriya ne, hukumomin biyu kuma Shugaban Ƙasa ɗaya suke yi wa aiki. Hukuncin ya buɗe wa gwamnati hanyar saki da hannun dama a kama da na hagu. Gaskiya ne sashe na 306 na dokar gudanar da shari'ar laifuffuka ta 2015 ya hana dakatar da shari'a, an kuma yi shi ne don toshe jan ƙafa, amma ya kamata a ware masa yanayin da mai gabatar da ƙara ne yake taka umarnin kotu.

Raba ofishin Antoni Janar da na ministan shari'a yana buƙatar gyaran Kundin Tsarin Mulki da yardar majalisun jihohi 24, kuma an daɗe ana maganarsa. Sauran ba sa buƙatar haka. Dokar 1945 doka ce ta Majalisar Tarayya. Ana iya gyara ta a ce miƙa Fom na 48 ga sashen shari'a na hukuma, ko ga lauyan da ya tsaya mata a kotu, ya wadatar, kuma gargaɗin yana bin kujera ko an sauya mai zama a kanta. Ana iya ba alƙali ikon cin tara daga albashin jami'i. Sashe na 84 kuma a sa masa wa'adi, in Antoni Janar bai amsa ba cikin kwana 90 a ɗauka ya yarda. Ana kira ga kwamitocin shari'a na majalisun biyu, da rassan ƙungiyar lauyoyi na Kano da Kaduna da Sakkwato da Maiduguri, waɗanda mambobinsu suke riƙe da hukunce-hukuncen 'yan fansho da na masu filaye da ba a zartar ba, su tattara su, su kai wa Majalisa tare da daftarin wannan gyara.